Addu'ar da Gara Ta Ci

Ku da kuke zama bakin gidan waya da biro a kunne, kuna rubuta ma mutane wasiƙa, in an kawo takarda ku danna mata hatimin roba da anka yanka maku a kasuwa, ku ne yau kuke ce mani wai aikinmu na da ba wani abu ba ne, duba takarda ne kawai. To ku gyara zama. Shekara arba'in da wani abu, alƙalan ƙasar nan tun daga Rabah har Goronyo, in takarda ta rikita su ni suke aiko ma ita, in ce ta gaske ce ko jabu. Kalma ɗaya nake faɗi, gona ta bar hannun wani ta koma hannun wani. Shi ne kuke kira kawai.

Wurin Malam Sambo na koya, a Wurno. Na je mashi gemuna ya fara tsirowa, ina ganin na iya rubutu tunda na sauke. Shekara biyu bai bar ni na taɓa takarda ba. Bagaruwa nake dakawa, in jiƙa ta da kashin maƙera, in tace, in zuba ƙaro daidai. Alƙalamin gamba nake fiƙewa, shi gwada bisa farcenshi, shi jefar, in sake. Shi ya nuna mani tawada biyu ce a duniya. Akwai ta allo, wadda ruwa ke ɗaukewa. Akwai ta bagaruwa, ita cizo take yi. Ranar da anka rubuta ta baƙa ce wuluk, tana zaune bisa fuskar takarda. In ta shekara biyar, shida, sai ta fara komawa ja-ja, ta ci takardar har inuwarta ta fito ta baya. Saboda haka mu ba gaban takarda muke fara dubawa ba. Juya ta muke yi, mu ɗaga ma rana.

Ita kanta takardar tana da shekaru. Ta da, wadda fatake ke kawowa ta hamada, in ka ɗaga ta za ka ga siffar jinjirin wata guda ukku a cikinta, kamar an zana da ruwa. Ta Nasara sumul take, ba wata ko ɗaya. Na sha ganin mutum ya kawo takardar gado wai tun zamanin kakanshi, kafin zuwan Nasara, alhali a kantinsu anka sayo ta.

Wani mutumin wajen Sisawa ya taɓa kawo takardar gona wai ta kakanshi, ta yi jawur, ka ce ta girme ni. Ban ko karanta ba, hancina na kai mata. Daddawa da busasshen kifi. Ya rataye ta saman murhu ne wata guda don hayaƙi shi tsofar da ita. Na ce mashi, "Kakan naka cikin madafa yake ajiye hujjojinshi?" Alƙali kanshi sai da ya rufe baki da rawani. Wasu ruwan goro suke shafawa, wasu su binne cikin gero a rumbu. Masu wayon cikinsu kankare kalma suke yi da wuƙa, su murje wurin da ƙwayar wuri, su rubuta wata. Wannan ma rana ke tona shi, don wurin yakan yi haske kamar idon kifi. Akwai kuma masu bai wa gara. Wani ya kawo takardar iyakar fadama, gara ba ta ci ko'ina ba sai daidai inda anka ce iyaka ta tsaya ga tsamiya. Na ce mashi garar gidansu ta yi karatu. Wata shida ya yi a gidan yari bisa zamba.

Da na tashi na koma Rabah na kama zaurena, Malam ya ci gaba da aikinshi har tsufa. Sai dai ya sake hali. Da a gaban mutane yake rubutu. Daga baya sai shi saurari magana a zaure, shi ce hayaniya tana raba mashi hankali, shi shiga cikin gida, can shi fito da takarda a rubuce. Rubutun kuma ya sami 'yar rawa, wutsiyar kowane nun tana karkarwa sau biyu kafin ta tsaya. Kowa ya san ta. Mu masu dubawa har daɗinta muke ji, don ba maƙaryacin da ya iya kwaikwayon wannan rawar.

Da ya rasu, ranar sadakar bakwai, anka yi ma hatiminshi abin da ake yi ma hatimin kowane magatakarda da ya mutu. Anka kira maƙeri gaban jama'a ya goge fuskar zoben hatimin da magagari har ta koma fili. Ni na riƙe mashi zoben yana gogewa. Ku riƙe wannan.

Shekara takwas bayan haka fara ta sauka. Ba zan tsaya ba ku labarinta ba, kun ji daga kakanninku. Ta cinye gero yana cikin kumsa kai, ta bi dawa, ta bi wake. Abin da ba a faɗa maku shi ne abin da yunwa ke yi ma gado. 'Yan'uwan da sunka zauna lafiya shekara ashirin ba a raba tarikar ubansu ba, a wannan shekara kowa ya tuna da rabonshi. Takardun jabu sunka riƙa zuwa mani kamar farar ce ta haife su. Ban taɓa aiki irin na shekarar ba, kuma ban taɓa ƙin aikina irin nata ba.

Ku yara ba ku san yadda abin yake ba lokacin. Nasara sun hana saye da sayar da mutum, gaskiya ne. Amma waɗanda anka tarar cikin gidaje suna nan inda suke, sai wanda ya fanshi kanshi, ko ubangijinshi ya 'yanta shi anka rubuta. Ita ce takardar 'yanci, mu nan ɗiyauci muke cewa. Wanda ke da ita ɗa ne. Wanda ba shi da ita, in mai gida ya mutu, ana iya lissafa shi cikin abin da anka bari.

Wata safiya ɗan doka ya kawo mani takarda daga wata kotu, ba zan faɗi wace ba. Ya ba ni labarin shari'ar yana shan fura. Wata mace ce, Baraka, tana aure wajen Rimawa, mijinta masunci ne. Tun tana yarinya anka kawo ta gidan wani attajiri, Mamman Ɗan Ige, can wajen Goronyo. Ya mutu bara. Babban ɗanshi Garba ya kai ƙara, ya ce Baraka tana cikin tarika, a raba ta da masuncin a maido ta gida, akwai aikin fadama yana jiranta. Ita ta ce marigayi ya 'yanta ta shekara tara da sunka wuce, gaban Malam Sambo na Wurno, ga takarda. Shaidu biyun da ke ciki ɗaya ya mutu, ɗaya ya tafi gabas aikin hajji ba a sake jin labarinshi ba. Muhuti, mataimakin alƙali, ya fara karantawa ke nan magada sunka tashi da hayaniya suna cewa jabu ce, sun san abin da sunka sani. Alƙali ya ce a naɗe ta a kai ma Ummaru na Rabah, wato ni, a dawo zama bayan kwana bakwai.

Da ɗan doka ya tafi na buɗe ta. Takarda ce irin ta da, mai zanen wata ukku, ta yi laushi, tana warin jikin mutum, an daɗe ana ɗauke da ita cikin zane. Hannun Malam ne. Ba kama ba, shi ne, har rawar nun ɗin nan sau biyu. Ga hatiminshi ƙasa, zoben da na riƙe da hannuna anka goge. Na ce alhamdu lillahi, wannan mai sauƙi ce. Don al'ada kawai na juya ta na ɗaga ma rana.

Bayanta fari fat. Hatimin kaɗai ya ci ya fito, rubutun ko inuwa babu. Tawadar ba ta kai wata huɗu ba.

Na zauna ina kallonta. Can na lura an naɗo gindinta kamar faɗin yatsa biyu, yadda muke yi don kare sunan marubuci, zufa ta manne wurin. Na sa bakin wuƙar fiƙe na ɗaga a hankali. Ga sunanshi, Sambo ɗan wane ya rubuta. Bayan sunan kuma, da ƙananan baƙaƙe a kwance ta gefe don layi ya ƙare, cikin wannan hannun mai rawa, an rubuta: Allah shi jiƙanshi, shi haskaka kabarinshi.

Mai rai in ya rubuta sunanshi, gafara yake roƙa ma kanshi. Ba wanda ke roƙa ma kabarinshi haske yana zaune bisa buzu. Rana tsaka ce, awaki na kuka waje, mata na daka. Amma na ji tsoro, ba na ɓoye maku. Na aje takardar nesa da ni bisa tabarma, na daɗe ban iya sake taɓa ta ba.

Washegari na ɗaure jaki sai Wurno. Na isa bayan azahar, lokacin da zafi ke kore kowa cikin ɗaki. Unguwar shiru, yunwa ta rage ko kukan kaji. Na zaci zan tarar da zauren Malam ya zube. Na tarar da shi a share, an yayyafa ruwa. Buzunshi na shimfiɗe inda yake tun da, gafakarshi rataye ga turke. Ga kurtun tawada a gefe. Na tsoma ɗan yatsa, ya fito baƙi, jiƙe.

Sai na ji alƙalami. Ta bayan bango yake tafiya, ƙyar, ƙyar, ƙyar. Malam yana da wata ɗabi'a, in ya tsoma alƙalami sai ya ƙwanƙwasa shi bakin kurtu sau biyu. Ina tsaye na ji an ƙwanƙwasa sau biyu. Da ƙyar na haɗa sallama.

Alƙalamin ya tsaya. Muryar tsohuwa ta amsa, ta ce, "Ummaru na? Na san takonka. Zauna, ɗana."

Inna Kulu ce, matar Malam. Shekara shida na ci tuwonta ban taɓa ganin fuskarta sosai ba. Ta zo ta zauna bayan asabarin da ke ƙofar shiga gida. Munka gaisa, ta tambayi iyali, ta tambayi yadda fara ta bar mu. Sannan na ce, "Inna, wa ke rubutu cikin gidan ga?"

Hannunta ta turo ta ƙarƙashin asabari ta aje bisa ƙasa. Busasshen hannu, babbar yatsa da manuniya sun rine baƙi, ga kanta a gefen ta tsakiya, irin wadda alƙalami kaɗai ke yi ma mutum. Irin tawa ce sak.

Ta ce, "Shekara goma kafin shi rasu idanunai sunka tafi. Bai so a sani ba. Wa zai kawo ma makaho takarda? Ubana malami na, ya koya mani tun ina ɗiya ƙarama. Sai Malam shi saurara a zaure, shi shigo shi faɗa mani, ni in rubuta."

Na ce, "Rawar hannun fa?"

"Rawar tashi ta. Ita ta fara zuwa kafin idanun. Na ɗauke ta don kada a ga hannu ya sake. Yanzu ko na so in aje ta, ba ta ajuwa. In na kwana biyu ban rubuta ba hannun ciwo shikai, shi ya sa kaj ji ni."

Ku duba nan. Duk takardun da nake ɗaukowa in gwada wasu da su, in ce wannan hannun Malam ne, wannan ba nashi ba, ashe hannun wagga tsohuwa ne. Na ɗaure mutane da shi, na saki mutane da shi.

Na tambaye ta zancen Baraka. Ta ce, "Ni na rubuta ta fari. Ina bayan bangon ga naj ji Ɗan Ige da bakinai yana cewa ya ɗiyautar da ita don Allah, ba fansa ba. Da yam mutu ɗiyanai sunka ce ta kawo su gani, sunka jefa ta wuta gabanta. Ta zo nan tana kuka, ko Malam ya aje kwafi. Nac ce ta dawo bayan kwana ukku in duba gafaka. Babu kwafi, Ummaru. Sai dai Malam yakan buga hatimi ga fararen takardu shi aje mani, don ba ya ganin inda za shi buga. Guda ɗaya tar rage. Na rubuta abin da na rubuta da fari, ko wasali ban ƙara ba. Ita ba ta sani ba, tana ganin cikin gafaka na samo ta."

Na ce, "Kin ƙara, Inna."

Na buɗe naɗin gindin, na tura mata takardar ta ƙarƙashin asabari. Hannun ya ja ta ciki.

Ta ce, "Ban san na rubuta ba." Muryarta ta sauka. "Shekara takwas ban faɗi sunanai ba, ban rubuta ba, sai tare da addu'ar. Hannun ne ya tafi shi kaɗai."

Munka juya maganar ta kowace fuska. Ta fito ta yi shaida? Shaidar mace ɗaya ba ta tsai da hukunci irin wannan. Kuma ranar da anka ji makaho ke buga hatimi ga farar takarda, duk abin da ya fito gidan nan shekara goma ya mutu, gonaki, saki, wasiyya, duka, cikin shekarar da kowa ke neman abin da zai kama. A sake rubuta wata? Babu sauran takarda mai hatimi, zoben kuma ya zama fili. Na ce akwai wuƙa.

Ta ce, "Kada ka sa ma addu'atai wuƙa." Ba ta ɗaga murya ba, amma na san ba a ƙara zancen. Ni ma na san wuƙa ba ta ɓoyuwa. Ta turo mani takardar, ta ce, "Kai ne mai dubawa. Ni nawa na yi." Ina kwance jaki na ji alƙalamin ya ci gaba.

Kan hanya na yi ta tunani. In na faɗi abin da na gani, na faɗi gaskiya, kuma za a kama matar da Allah ya sani 'yantacciya ce a maida ta gidan da sunka ƙone mata takarda. In na ce ta gaske ce na bar ta yadda take, duk wanda ya buɗe naɗin nan ya gama da mu. Kafin in kai gida na san abin da zan yi, kuma na ƙi kaina saboda sanin.

Bayan gidana akwai tsohon rumbu da gara ta kama gindinshi. Na ɗauko allunan ƙarfe biyu, na sa takardar tsakaninsu na ɗaure tam da igiya. Na bar kusurwar addu'ar a waje. Na bar wani ɗan gefe ta sama, da wani ta dama inda ba rubutu, don kada a ce garar gidana ta yi karatu. Na ɗiga ma wuraren ruwa, na aje bisa ƙasar rumbun, na kife da kasko, don gara ba ta aiki cikin haske.

Abin da ya fi tsaya mani ba zambar ba ce. Sunan Allah na cikin kalmomin nan. Tun muna yara in mun ga guntun rubutu a ƙasa ɗauka muke yi mu sa a tsagar bango. In za a rabu da shi, wankewa ake yi a sha, ko a binne wuri mai tsarki. Ni kuwa ga ni na shimfiɗa ma ƙwari shi kamar tuwo.

Wuni na fari ba su zo ba. Na biyu da hantsi na ɗora kunne bisa kaskon, na ji su. Wani ɗan sauti ne siriri, kamar ana taunar yashi can nesa. Na riƙa ɗagawa kaɗan ina leƙe. Sun gina 'yar hanyarsu ta laka ta hau gefen allon. Ta ƙarshe sunka fara, kabarin ya tafi, hasken ya tafi. Na zauna gurfane cikin rana ina jin ana cin addu'ar malamina baƙi bayan baƙi, ban da ikon in tashi, don in na bar su za su shiga ƙarƙashin ƙarfe su kai ga hatimi. Wajen la'asar ɗin rana ta ukku sunka kai bakin sunanshi. Na fizge. Na kakkaɓe su, na busar da ita a inuwa, na bar ɗan ɓurɓushin laka a gefe yadda gara ta gaskiya ke bari. Aikin ya yi kyau. Ban taɓa ganin jabun da ya kai shi ba.

Ranar zama zauren alƙali ya cika. Nan na fara ganin Baraka. Doguwa ce, ta kusa arba'in, yunwa ta fito mata da ƙasusuwan wuya. Mijinta na tsugune waje, ba a bar shi ya shigo ba. Garba na gefe da ƙannenshi, riga fes.

Alƙali ya ce, "Malam Ummaru, mi ka gani?"

Na ce, "Allah shi gafarta Malam, takardar ta da ce, mai wata ukku. Hatimin na Malam Sambo ne, kuma an buga shi yana da rai, don ni na riƙe zoben anka goge. Hannun kowa ya san shi. Gara ta taɓa gefe, ba ta kai ga magana ba. Ta gaske ce."

Garba ya miƙe. Shi ya san ya ƙone ta fari, amma ba shi da bakin faɗi, don in ya faɗa ya yi shaida a kan kanshi cewa an 'yanta ta. Na ga abin yana cin shi. Ya ce, "Allah shi gafarta Malam, shi rantse. Shi dafa Alƙur'ani shi ce tun Malam Sambo na da rai anka rubuta ta."

Ban taɓa rantsuwa bisa aikina ba, maganata ake ɗauka. Alƙali ya dube ni, ya ga ban ce a'a ba, ya sa anka kawo buta. Na yi alwala gaban mutane. Ruwan ya yi mani sanyi kamar na rijiya da asuba. Anka buɗe gafaka, na ɗora hannuna na dama. Ba wata dabara da na yi, ban karkata harshe ba, ban ɓoye wata niyya ba. Abin da Garba ya ce in faɗa shi na faɗa, kalma bayan kalma, na san ƙarya ne.

Saura abu ɗaya. Alƙali ya sa muhuti ya miƙa ma Baraka takardar, ya ce, "Ke, wagga ita ta takardar da kika kawo? Haka take?"

Ba ta iya karatu ba, amma wata huɗu tana kwana da ita tana tashi da ita. Ta karɓa da hannu biyu. Na ga babbar yatsarta ta tafi kai tsaye kusurwar ƙasa, ta tarar ba kusurwa. Ta shafa bakin cin garar. Ta ɗago ta dube ni, ni kaɗai.

Ta ce, "Haka take."

Alƙali ya yanke. Ya ce Baraka ɗiya ce tun ranar da anka rubuta, ba ta cikin tarika, ba mai sake kiranta. Ya sa muhuti ya shigar cikin littafin kotu, ya buga nashi hatimi.

Ina kwance jakina gindin wata bedi sai ga ta. Ta durƙusa nesa kaɗan, ta gaishe ni. Ta ce, "Malam, takardata ba ta da cin gara."

Na ci gaba da kwance igiyar jakin.

"Mi ke rubuce wurin?"

Na duba ba kowa kusa. Na faɗa mata. Ba ta da karatu, amma ba ta da wauta. Na ga ta haɗa abin cikin kanta, kwana ukkun da anka ce ta jira, da tsohuwar, da butar alwala.

Ta ce, "Ashe addu'ar mamaci anka ba ƙwari saboda ni." Sannan ta ce, "Faɗa mani ita yadda anka rubuta. Da sunanai."

Na faɗa, ta maimaita. Na gyara mata sunan uban Malam, ta sake, har sau ukku, sai da ta zauna mata. Ta miƙe ta soke takardar cikin zanenta.

Ta ce, "To, Malam. Kai ka ɗauki rantsuwar, ni na ɗauki wagga."

Ta bi mijinta sunka gangara wajen gulbi. Shekara ashirin da wani abu ta ƙara a Rimawa, ta mutu ɗakinta, cikin jikokinta. Ɗanta ya ce mani har ranar ƙarshe, bayan kowace salla, takan yi ma wani Sambo addu'a, su ba su san ko wane ne ba. Ita ta kai tata inda za ta kai. Tawa tana nan, ban sauke ba, kuma yadda nake jin jikin ga, ba da daɗewa ba za a tambaye ni.